Tsaunin da Aka Yi wa Garnik Alkawari

Kyustendil, 9 ga Nuwamba

Zuwa ga Kawu Trifon,

Ka yi haƙuri da wannan ƙarfin hali da na yi na rubuto maka, alhali ba ka taɓa ce mini in rubuto ba, wataƙila ma ko fuskata ba ka riƙe ba. Ni ce Bilyana, 'yar Velichka, jikar Kaka Nedyalko na ƙauyen Garnik. A taron ƙauye na watan Mayu ni ce yarinyar da ta zo zuba maka ruwan wanke hannu ta jiƙa maka takalmi.

Bayan haka, ina gaishe ka da fatan kana lafiya, kai da abokan aikinka. An ce jirgin ruwan da ke kai muku kaya can Antaktika zai tashi ƙarshen watan nan, shi ya sa na yi sauri. Mama tana lafiya, sai dai gajiyar aiki. Ni ina aji goma, karatu na tafiya daidai. Kaka kuwa ƙashin ƙugunsa ya ɗoru, yana takawa da sanda, amma likita ya ce ba zai sake yin hunturu shi kaɗai a ƙauye ba. Tun Satumba yana wurinmu a bene. Yakan wuni a bakin taga yana kallon tsauni.

Ka san shi kaɗai ya rage a Garnik. Da ya sauko, ba a daɗe ba ma'aikatan hanya suka je suka cire allon sunan da ke mararraba. An ce taswirar da za a buga nan gaba ma babu mu a ciki, don ƙauyen da ba kowa ba ƙauye ba ne a wurinsu. Direban bas ne ya gaya wa Kaka. Ran nan bai ci abinci ba.

Abin da ya sa na rubuto shi ne maganar da ka yi a taron. Ka miƙe da kofi a hannu a gindin babbar bishiyar ƙofar coci, ka ce a tsibirin da kake aikin awo akwai tsaunukan da ba su da suna, kuma za ka ɗora sunan Garnik a kan ɗaya, inda ba mai iya hawa ya cire. Mama ta ce giyar rakiya ce ta yi magana, kada kowa ya sa rai. Kaka ya ce mata, "Ke, rufe mini baki. Yaron da na saɓa a kafaɗa na hau da shi makiyaya? Tun ranar da aka binne ubansa, ƙanena, kwano ɗaya kuke ci da shi, har yau ba ki san shi ba?" Mama ta ce, "Don na san shi ɗin ne, Baba."

Kullum na dawo daga makaranta sai ya ce, "Malama, an yi maganar tsibirin a rediyo?" Na gaji da ce masa a'a. Bai san na rubuto ba. In wasa ka yi, don Allah ka faɗa mini ni kaɗai, zan san yadda zan bi da shi har ya manta a hankali. In kuwa da gaske ne, ka ba ni abin da zan karanta masa.

Ka gafarta mini rubutuna.

'Yarka,
Bilyana

Sansaninmu a tsibiri, 12 ga Janairu

Bilyana 'yata,

Takalmin ya bushe tuntuni, na yafe. Wasiƙarki ta iso a tsakanin buhun albasa da akwatin cuku, har yanzu tana warin albasa, duk da haka ta fi komai daɗi a cikin kayan. Ina lafiya, sai dai leɓe ya tsattsage, fuska ta ƙone kamar ta mai toya burodi. Ki gaishe mini da Baffa kakanki, ki ce ya daina gardama da likita. Ki gaishe da uwarki mai bakin nan, tun muna yara haka take.

Tunda ke 'yar makaranta ce, bari in zana miki wurin. Tsibirin dogo ne, ƙanƙara ta binne shi kusan duka, sai 'yar gaɓa mai baƙar tsakuwa inda muka kafa gidajenmu. Tsaunukan sun jeru daga yamma zuwa gabas kamar ƙashin bayan doki. Kashi uku ne, da mashiga biyu a tsakaninsu. Ta kowane gefe kogunan ƙanƙara ne ke gangarowa teku. Koguna ne na gaske, suna tafiya, sai dai tafiyar da kogin Struma ke yi kafin ki sha ruwa, su sai su shekara ba su yi ta ba. Jikinsu duk tsaga ne, dusar ƙanƙara ta lulluɓe bakin, ba ka ganewa sai ƙafarka ta zurma. Shi ya sa muke tafiya ɗaure da igiya ɗaya. Motar ƙanƙararmu ta mutu tun makon farko, da ƙirji muke jan kaya kamar jakuna. Yanzu bazara ce a nan, duhu ba ya yi sosai, amma gajimare kan zauna a kan tsaunukan kwana da kwanaki. Sai mu zauna a tanti muna cin wake muna zagin juna har sama ta buɗe.

Batun suna kuwa ga yadda yake. Abin da ake hangowa daga teku, masu jiragen farauta na wasu ƙasashe sun raɗa masa suna tun zamanin kakanninmu. Na cikin tsibiri ne ba su da shi. Ba a sa wa tsauni suna sai an auna shi, an san tsawonsa da inda yake. Wanda ya auna shi ke kawo suna, ya rubuta dalili. Kwamiti a Sofiya ya duba, in ba a taɓa amfani da sunan a nan ba ya amince, a aika wa sauran ƙasashe su sa a taswirarsu. Daga nan ya zauna ke nan. Suna ɗaya sau ɗaya ake ba da shi. Mu yawanci sunayen garuruwa da ƙauyuka da kogunan gida muke sawa, sai mutum ya duba taswira ya ji kamar yana tashar bas.

To, a kashin tsakiya akwai wani mai kai biyu, baƙin dutse ya leƙo daga ƙanƙara ta gefen kudu kamar haƙori. Ni na auna shi da hannuna a jajibirin sabuwar shekara. Da na ɗaga kai na gan shi sai na tuna tsaunin da ke bayan gidan Baffa, inda ya koya mini yadda ake sa ƙafa a gangare. A takarda lamba ce kawai gare shi, amma duk sansanin nan Garnik suke ce masa, don sun gaji da jin bakina.

Ki gaya wa Baffa nasa ne. Ki gaya wa uwarki ba giyar rakiya ba ce. Ga hotonsa nan na ba likitanmu da zai riga mu dawowa. Da na sauka Sofiya a watan Maris, da hannuna zan kai takardar.

Kawunki,
Trifon

Kyustendil, 20 ga Maris

Zuwa ga Kawu Trifon,

Gaisuwa mai yawa da fatan ka sauka lafiya. Wannan karon gidanka na Sofiya na aiko, tunda ka ce a Maris za ka dawo. Ina gaishe da matarka, Anti Ognyana. Mu duk lafiya. Kaka har nauyi ya ƙara.

Ban san yadda zan gode maka ba. Na karanta masa wasiƙar, ya ce in sake, na sake. Da na zo inda ka ce nasa ne, sai ya juya ya kalli Mama. Ita kuma ta ce, "To, na ji," ta shige kicin. Hoton yana jingine a taga. Ya ce lallai ya yi kama da na bayan gida, sai dai namu ya fi kyau don yana da ciyawa. Maganar jan kaya da ƙirji ce ta dame shi, ya ce tun kana yaro ba ka son ɗaukar kaya.

Ga babban labari. Ka tuna ragonsa mai baƙin ido, mai ƙararrawa, wanda ke jan garke? Lokacin da aka sayar da tumakin shi kaɗai Kaka ya hana a taɓa, ya ba wani makiyayi ajiya. To, ya yi alwashinsa. Ranar Waliyyi Georgi, shida ga Mayu, zai yanka shi kurban, wato hadaya, a harabar cocin Garnik, ya ciyar da duk ɗan ƙauyen da ya zo, don godiya. Mama ta ce, "Baba, ka bari a ga takarda mana." Ya ce, "Takarda ta fi maganar ɗana ne?" Ta ce, "Ragon nan fa kake yi wa hira kamar mutum." Ya ce, "Shi ya sa. Wa ke kai wa Allah abin da ba ya so?" Washegari ya sa na raka shi wurin limamin coci, ya faɗa a gabansa. Ka san in an kai nan ba a janyewa.

Tun ranar nake rubuta wa 'yan Garnik takardun gayyata, na Sofiya da na Plovdiv, har da waɗanda suke aikin gona a Sifen da Girka. Shi yake faɗa, ni nake rubutawa. Mutanen da ban taɓa jin sunansu ba, ya san na kakanninsu da inda gidansu yake.

Yana so kai ne za ka sha kwanon farko, ka kuma tsaya kusa da shi lokacin da zai yi magana. Mama ta ce in tambaye ka ko takardar ta shiga. Ni na san ta shiga, amma na yi mata alkawarin zan tambaya.

'Yarka,
Bilyana

Kyustendil, 10 ga Mayu

Zuwa ga Kawu Trifon,

Ina gaishe ka, da fatan lafiya ce ta ɓoye ka. Mama ta buga waya gidanka, Anti Ognyana ta ce ba ka nan, kana kan tafiya. Malaminmu na labarin ƙasa ya ce wani lokaci ƙanƙara kan rufe teku da wuri, jirgi ya makara. Na gaya wa Kaka haka, ya ce ya sani, ba ka da laifi. Ni dai leɓenka da igiyar nan nake ta tunani. Mu lafiya muke, sai ƙafar Kaka da ta kumbura saboda tsayuwa.

An yi kurban. Da ka ga mutane! Sai da maza suka sare rassan da suka faɗo a hanya kafin motoci su hau. Mata suka share harabar coci, aka ɗora manyan tukwane. Kaka ya sa falmaransa ta aure, wadda ba ta maɓalluwa yanzu. Liman ya yi addu'a a kan gishiri, Kaka ya ba ragon da tafin hannunsa, ya kwance ƙararrawar da kansa, shi kuma ya riƙe kan. Ni ban iya kallo ba.

Da romo ya nuna sai ya dogara sanda ya miƙe, ya ɗaga hoton. Bai yi doguwar magana ba. Ya ce, "Sun cire mu daga bakin hanya, ɗana ya ɗora mu a kan tsauni. Duk wanda jikansa ya tambaye shi ina ne Garnik, ya ce masa ya duba ƙasan duniya." Tsofaffin mata suka yi ta kuka. Hoton ya zaga hannu-hannu har ya yi maiƙo. Kowa ya zo da ƙaramar tukunya, aka zuba masa na kai wa waɗanda ba su samu zuwa ba. Kwanonka kuwa Kaka ya ajiye a kan teburin dutse ya rufe da faranti. Yana magana da mutane yana waiwayen hanya, har kitsen ya daskare.

Abu ɗaya ne ya so ya ɓata mini rai. Mutanen Podlom sun hau daga kwari, tsoho Spas da abokansa, ba wanda ya gayyace su. Ka san a kurban ba a korar kowa. Ka kuma san shi da Kaka tun rigimar makiyaya ba su taɓa gaisawa ba tare da baƙar magana ba. Spas ya karɓi hoton ya daɗe yana kallo, ya ce, "Nedyalko, wannan mai kai biyun ne naku?" Kaka ya ce, "Shi ne. Kalla da kyau, ku 'yan kwari ba ku saba ɗaga kai ba." Spas ya yi dariya har tari ya sarƙe shi, abokansa suna bubbuga masa baya su ma suna dariya. Ya miƙo kwano ya ce, "Ƙaro mini, tsoho, a sa mini da ƙashi." Kaka ya cika masa taf. Ya ce mini hassada ce, ita ma tana sa yunwa.

Don Allah da ka sauka ka sanar da mu, ko ta bakin Anti ne.

'Yarka,
Bilyana

Kyustendil, 18 ga Yuni

Kawu,

Ina gaishe ka. Na san kana lafiya, don na ga hotonka.

Ranar Asabar ni da Kaka mun tashi za mu Garnik, mu kunna kyandir a kabarin kakata, mu kuma tsinko abin da bishiyoyin gida suka yi. Ka san bas a Podlom yake tsayawa, daga nan sai an nemi mai mota. Rana ta yi zafi, na ce mu shiga shagon shan kofi na tasha ya huta.

A bangon da ke kallon ƙofa an rataye hoton tsaunin. Shi ne, mai kai biyu, da baƙin haƙorinsa. An ƙara masa girma, an sa shi a gilashi. A ƙasa an rubuta da manyan baƙaƙe: Tsaunin Podlom. A gefensa an liƙa shafin jarida na watan Afrilu, kai ne a ciki da kwat, kana musabaha da Gancho ɗan Spas, mai masana'antar gwangwani.

Spas yana zaune suna karta. Ya ce, "A'a, ga mai rago! Ku ba shi kujera, nan, nan, ƙarƙashin tsauninmu, ya sha inuwa." Wani ya ce, "Sai dai ya ɗaga kai, ko 'yan tudu ba su saba ba?" Shagon ya ɗauki dariya. Spas ya ce, "Kada ka ji haushi, Nedyalko. Ɗana ne ya saya musu sabuwar motar ƙanƙara, yaronka kuma ya san mutunci. Tun Afrilu muka sani. Amma da muka ji za a yanka rago, muka ce wa zai ɓata wa mutane biki?"

Kaka ya ciro tabarau ya sa, ya matsa har hancinsa ya kusa taɓa gilashin. Na ga leɓensa yana motsi, na san ya karanta. Duk da haka ya ce, "Malama, karanta mini, idona ba ya gani." Na karanta masa a gabansu. Ban taɓa jin muryata ta yi mini muni haka ba.

Ya cire tabarau ya sa a aljihu. Ya fita ya tsaya a rana inda bas ke juyawa. Ba mu hau Garnik ba. A hanyar dawowa, da muka kusa gari, ya ce, "Wataƙila tsauni biyu ne masu kama. A can duk fari ne." Na ce wataƙila.

Kawu, biyu ne? Ka yi haƙuri in tambayar ta yi kama da rashin kunya. Ban gaya wa Mama ba tukuna, Kaka ya hana.

Bilyana

Sofiya, 5 ga Yuli

Bilyana 'yata,

Ina gaishe ku duka, ina fatan ƙafar Baffa ta saɓe. Ni lafiya, sai aiki da ya yi mini katutu, ga shirin komawa ya taso.

Tsauni ɗaya ne, ba zan ɓoye miki ba. Amma ki saurare ni, ke mai ilimi ce. Kin ji yadda muka ja kaya. Abin da ban faɗa miki ba, ɗayanmu ya zurma tsaga da kaya a bayansa, da ƙyar muka zaro shi. Ba mota, ba komawa, ba komawa kuma ba taswira. Mun ƙwanƙwasa ƙofofi da yawa, Gancho kaɗai ya buɗe. Abu ɗaya ya nema, sunan ƙauyensa a kan mafi kyau cikin waɗanda na auna. Hoton ya gani a kan teburina ya ɗora yatsa. Da ke ce, me za ki yi?

Kuma ban manta da Garnik ba. Akwai kogin ƙanƙara da ke gangarowa daga gindin tsaunin ta kudu har ya faɗa teku. Shi na ba sunan, an kuma amince. Ya fi duk gonakin ƙauyenmu faɗi in an haɗa su. Gaskiya irin waɗannan ƙanana suna ja da baya kaɗan-kaɗan kowace shekara, amma ba a zamanin Baffa zai ƙare ba, ko a nawa. Sunan yana taswira, abin da ake so ke nan. Ba za a iya sauyawa ba, na gaya miki yadda ƙa'idar take.

Wasiƙarki ta Maris ta same ni a gida. Na ce bari komai ya kammala in zo da kaina in yi masa bayani, irin wannan magana ba ta takarda ba ce. Kwana ya yi ta tafiya. Kin san kuma Baffa da gaggawa, wa ya ce ya yi alwashi tun ba a buga hatimi ba? Uwarki ta faɗa masa gaskiya. Spas kuwa tsohon banza ne, kada ku kula shi.

Ki lallashe shi, ke yake jin maganarki. Ki ce masa rago biyu zan sayo masa, manya. In na samu sarari kafin jirgi zan leƙo.

Kawunki,
Trifon

Kyustendil, 2 ga Satumba

Zuwa ga Kawu Trifon,

Ina gaishe ka da Anti Ognyana, da fatan kuna lafiya. Ka yi haƙuri da jinkirin amsa. Mama tana lafiya. Ni zan shiga aji goma sha ɗaya. Kaka ba shi da lafiya, zan zo kan wannan.

Na karanta masa wasiƙarka duka, ban tsallake ko layi ba, Mama tana tsaye a bakin ƙofa. Na ɗauka za ta ce ai ta faɗa. Ba ta ce ba, sai ta zauna a ƙasa kusa da ƙafarsa.

Batun motar ya gane. Ya ce ran mutum ya fi suna, da shi ne ma zai iya yin haka. Da na zo kan kogin ƙanƙara ya ce in tsaya. Ya ce, "A gindin tsaunin?" Na ce e. Ya ce, "Tun da aka kafa ƙauyukan nan biyu Garnik ce a sama. Sai mun sha ruwa yake gangara musu. Ya je ƙarshen duniya ya kwantar da mu a ƙarƙashin Podlom, mu narke a ƙafarsu." Har ya yi 'yar dariya.

Inda ka ce wasiƙata ta same ka a gida, nan ne ya sa na maimaita. Ya ce, "A gida? Ba a jirgi ba?" Na ce a gida. Ya ce, "Lokacin da nake rufe masa kwano, yana Sofiya?" Na ce haka ne. Ya ce in ninke takardar.

Ka ce in lallashe shi. Kawu, ka gafarta mini, ban yi ba. Ban san da wane baki zan yi ba. Ni ce na gaya masa ƙanƙara ta rufe teku. Tsakanin wasiƙata da ranar Waliyyi Georgi akwai fiye da wata guda. Layi biyu sun isa. Da ya yi fushi ya huce, da ya roƙi liman ya ɗaga alwashin zuwa wata godiyar, da bai tsaya a gaban mutanensa ya ɗaga hoton nan ba, Spas yana kallo yana tsotsar ƙashi. Ka tambaye ni me zan yi da ni ce. Wataƙila zan ba Gancho tsaunin. Amma zan rubuta.

Kaka ya ce ya ciyar da mutane a kan maganar da ba haka take ba, romon kuma ya shiga gidajen da shi bai taɓa shiga ba, don haka dole gyaran ya bi inda romon ya bi. Duk wanda na rubuta wa gayyata, na sake rubuta masa. Shi yake faɗa, ni nake rubutawa. Bai ambaci sunanka ko a ɗaya ba, cewa yake, "Ni Nedyalko na yi kuskure." Na cikin gari kuwa ya ce ba da takarda ba, da ƙafarsa zai je, gida-gida, cikin zafin Agusta. A matakalar wani bene ya faɗi. Zuciya ce. An sallamo shi daga asibiti, amma likita ya kira Mama gefe, ta dawo ido jawur. An juya masa gado ya kalli taga, ya ce a mayar da shi yadda yake.

Bai hana ka zuwa ba, bai kuma tambaya ba. Mama ta ce duk abin da ya faru ba za ta buga maka waya ba, ka gani a takardar rasuwa in an liƙa. Amma a ƙofar gidanmu za a liƙa ta, da jikin bishiyar cocin Garnik, ba kuwa inda kake bi ba ne. Jirginku kuma a Nuwamba zai tashi. Shi ya raine ka, bai kamata ka ji daga bakin Gancho ba.

Saboda haka ina neman izininka in sake rubuto maka sau ɗaya, in lokacin ya zo. Ba zan tsawaita ba, ba kuma sai ka ba da amsa ba. In ba ka so, don Allah ka faɗa mini tun da wuri.

Bilyana